Kalmar "let" da ke cikin fasfo ɗinmu ba kuskure ba ce, tsufa kawai ta yi

Assalamu alaikum Malam Edita,

Bayan gaisuwa da fatan alheri gareka da sauran ma'aikatan wannan jarida tamu, don Allah ɗan fili nake roƙo in yi magana akan wata kalmar Turanci guda ɗaya tak, harufa uku ce kacal, tana cikin jaka ko ƙasan akwatin duk wanda ya taɓa yin fasfo a ƙasar nan amma da wuya ka samu wanda zai gaya maka abinda take nufi, har cikin waɗanda suke ganin Turanci ya zauna musu daram.

Duk mai fasfo ɗin Najeriya ya ɗauko ya buɗe daga farko, akwai wani ɗan rubutu da yawancinmu bamu taɓa tsayawa mun karanta ba saboda da an miƙo mana shafin hoto muke zarcewa mu ga ko mun yi kyau. A cikin rubutun ana roƙo ne da sunan Shugaban Ƙasa kuma Babban Kwamandan Askarawan Najeriya cewa duk wanda abun ya shafa ya bar mai ɗauke da wannan fasfo ya wuce "freely without let or hindrance", kuma a bashi duk taimako da kariyar da zai buƙata. Toh wannan "let" ɗin da ke tsakiya ita nake magana.

Abinda ya sa na ɗauki waya nake wannan rubutu shine wata gardama da ta kaure a majalisarmu bayan isha'i, wani yaro da ya karɓo sabon fasfo zai tafi karatu ya kawo ana sa masa albarka, sai wani ya karanta wurin da ƙarfi, kan ka ce kwabo majalisa ta rabu biyu. Ɓangare ɗaya suka ce ai kuskuren bugawa ne irin namu na Najeriya da komai sai an yi masa sakaci, wai "late" ake so a rubuta hannu ya goce. Ɗaya ɓangaren kuma, kuma su ne suka fi ɗaga murya, suka ce ai kowa ya san "let" na nufin bari ko ƙyalewa, kamar "let me go", don haka "without let" na nufin ba sai an baka izini ba, wato wai a doka ma mai koren fasfo baya buƙatar biza, Turawa ne kawai suke danne mana haƙƙi. Wani har da buga ƙafa yana cewa a kai su kotu. Ni na koyar da Turanci a sakandare shekaru masu yawa kafin in ajiye alli, kuma na san idan a majalisa ɗaya an samu wannan ruɗani to akwai shi a wurare da dama, shi yasa nace gara in kawo maganar nan inda za a karanta da yawa.

Gaskiyar magana "let" ba kalma ɗaya bace a Turanci, biyu ne suka haɗu a rubutu ɗaya. A tsohon Turanci, wanda ake yi a Ingila sama da shekara dubu da ta wuce wanda Baturen yau in ka bashi ya karanta ba zai gane ba, akwai "laetan" da ake jan wasalinta, ma'anarta bari, ƙyale, saki. Ita ce ta haifi "let" ɗin da kowa ya sani, ita ce kuma ta "To Let" da ake rubutawa a jikin gida ko shagon haya wanda yara marasa jin magana suke ƙara wa harafi ɗaya a tsakiya ya koma banɗaki. Sannan akwai wata daban "lettan", gajeren wasali da baƙi mai nauyi, ita kuma ma'anarta tarewa, hanawa, jinkirta mutum. Mu Hausawa bai kamata wannan ya bamu wahala ba, tunda a rubuce gari da muke zaune a ciki da garin da ake tuƙa tuwo duk iri ɗaya ne, baki ne kawai yake raba su. Bambancin shine su Turawa a hankali bakin nasu ma ya daina rabawa, dogon wasalin nan ya gajarce, ƙarshen kalmomin ya zube, aka wayi gari da "let" mai nufin ka bari da "let" mai nufin ka hana, furuci ɗaya rubutu ɗaya, ma'ana kuma kishiyar juna.

Abun dariyar ma shine mutumin da yace "late" ake nufi ya fi kowa kusa da gaskiya duk da bai sani ba. Ita "lettan" ɗin tushenta ɗaya da "late", asalin ma'anarta ka sa mutum ya makara, ka riƙe shi har lokaci ya ƙure masa. Kuma in ka leƙa dangin Turanci zaka ga su basu haɗe kalmomin ba, a yaren mutanen Holan har yau "laten" shine bari, "beletten" kuma hanawa, Jamusawa suna da "lassen" na bari, ɗayan tushen kuma ya ɓuya a cikin "verletzen" wato ji wa mutum rauni. Turanci ne ya gwama su.

Wurin da na fi jin daɗin nuna wa ɗalibai wannan abu shine a wasan kwaikwayon Hamlet na Shekspiya, shahararren marubucin nan na Ingila, wanda aka rubuta wajen shekarar 1600. A kashi na farko fitowa ta huɗu, da tsakar dare a saman ganuwar fada, fatalwar mahaifin yarima Hamlet ta fito tana yafito shi da hannu ya biyo ta, abokansa Horeshiyo da Masilas suka rirriƙe shi suna cewa kar ka je, shi kuma yana fizgewa yana cewa su sake shi, sai ya rantse yace "I'll make a ghost of him that lets me". Duk lokacin da na rubuta wannan layin a allo nace a fassara min, amsar da ke zuwa ita ce duk wanda ya barni na tafi sai na kashe shi, sai in ce toh ku tsaya, mutumin da yake kokawa a sake shi ne zai kashe wanda ya sake shi? Sai aji yayi tsit, can sai ka ga wata yarinya a baya ta ɗago hannu a hankali tace Malam ko dai akasin haka ne. Eh akasin haka ne, cewa yake duk wanda ya tare ni shima sai na mayar da shi fatalwa. Kuma mutanen da suka kalli wasan a Landan a wancan lokacin ba wanda ya ruɗe, kalmar tana raye a bakinsu.

Haka abun yake a Baibul ɗin Turanci na Sarki Jems da aka fitar a 1611, wanda har yau da yawa cikin 'yan uwanmu Kirista shi suke riƙewa. A wasiƙar Bulus zuwa ga Romawa sura 1 aya 13 yana gaya musu ya sha yin niyyar zuwa wurinsu "but was let hitherto", wanda bai sani ba zai ce an bar shi ya zo, alhali cewa yake an hana shi har zuwa yanzu. A Ishaya 43 aya 13 ma akwai "who shall let it", wato wa ya isa ya hana. Fassarorin zamani sun cire ta, a wurin na Romawa da yawansu "prevented" suka sa. Ita kanta "prevent" ɗin ma ba tsira tayi ba, don a wancan tsohon bugun ma'anarta riga wani, a Zabura 119 aya 147 akwai "I prevented the dawning of the morning", ba wai ya hana gari wayewa bane, riga alfijir tashi yayi. Kaga kenan yayin da wata kalmar take sakin ma'anar hanawa wata ce take ɗauka, amma wannan zance ne na wata rana kar in cinye muku fili.

Me ya kashe "let" mai nufin hanawa? Ni a ganina ba wani abu bane illa ba yadda za a yi harshe ya daɗe yana ɗauke da kalma ɗaya da za a ce maka ita ka rasa wucewa zaka yi ko tsayawa, dole ɗaya ta kauce, kuma wadda ake amfani da ita sau ɗari a rana ita zata ci gida. Ga kuma "hinder" da "stop" da "prevent" duk suna nan suna jiran aikin. Sai tsohuwar ta janye ta maƙale a wurin lauyoyi, su kuma dama ba a raba su da tsohon kaya. Lauyoyin Ingila suna da wata ɗabi'a ta jera kalma biyu masu ma'ana ɗaya, wasu daga ciki asalinsu tun bayan da Normandawa masu jin Faransanci suka ci Ingila da yaƙi a 1066 harshen kotu ya cakuɗe, sai a sa ta Turanci a sa ta Faransanci kusa da ita don kowa ya gane, irin su "goods and chattels" da "will and testament". Amma "let or hindrance" ba ma haka take ba, duka biyun tushensu na Turanci ne, kawai dai "hindrance" ɗin, wato cikas, ita ce take riƙe da hannun 'yar uwarta, da ba don ita ba da tuni ba mai iya hasashen me "let" take yi a wurin. Mu ma muna da irinsu, kowa yana cewa mun iso lami lafiya amma ni dai ban taɓa jin wanda ya furta lami ita kaɗai ba sai dai in sunan wadda aka haifa ran Alhamis yake kira. Yaron da aka haifa bayan an canja kuɗi zuwa naira a 1973 zai ce maka bashi da ko anini, ka tambaye shi ya anini yake, da huda a tsakiya ko babu, sai ya tsaya yana kallonka.

Akwai wuri ɗaya kuma da kalmar take raye har yau ba a kotu ba, filin wasa. Masu kallon tenis sun sani, in ɗan wasa ya buga sabis ƙwallo ta shafi saman raga amma duk da haka ta faɗa cikin gidan da ya kamata, alƙalin wasa zai ce "let" sai a sake bugawa ba a ci kowa ba. Yawancin yaran da ke buga ƙwallon tebur a bakin titi "net" suke cewa don haka kunnensu ya jiyo kuma ga raga suna gani, ban ga laifinsu ba, amma a dokar wasan "let" ce, an samu abinda ya tare ƙwallo. Akwai masu cewa daga kalmar Faransanci ta raga aka gutsuro ta, sai dai manyan ƙamus ƙarƙashin tsohuwar ma'anar tarewa suke ajiye ta, kuma wasan sikwash ya ƙara nuna haka tunda shi ba raga a cikinsa kwata-kwata, mutum biyu ne a ɗaki ɗaya suna dukan bango, in abokin karawarka ya shiga gabanka ya hana ka kaiwa ga ƙwallo sai ka juya ka nemi "let", alƙali yace "yes let" ko "no let". Wato an tare ni, a sake.

Mu dawo kan fasfo. Ba mu muka ƙirƙiri wannan jimla ba gadonta muka yi daga Ingila, nasu fasfon har gobe haka yake cewa, da sarauniya ta rasu a 2022 suka fara fitar da sabon bugu a 2023 da sunan Sarki Charles, sun canja "Her" zuwa "His" amma "let" ko gezau. Shi sarkin ma baya riƙe fasfo tunda da sunansa ake bayarwa, ba zai roƙi alfarma da sunan kansa ba. Indiya ma haka ta rubuta, Ostireliya ma haka, ƙasashen da Ingila ta raina da yawa sun cire sunan sarauta sun sa na shugabansu sun bar sauran yadda suka same shi. Amma Amurkawa da basa son doguwar magana nasu cewa yake "without delay or hindrance", kuma in ka duba da kyau "delay" ɗin ai ita ce ainihin ma'anar tsohuwar kalmar, jinkirtawa, basu canja komai ba sai tufafi.

Abinda ya fi damuna a duk zancen shine masu fassara ta da ba sai da biza ba, don wannan ba gardamar nahawu bace kawai, abu ne da zai iya sa yaro ya sayar da babur ɗinsa ya miƙa wa wani ejan kuɗi. Jama'a wannan rubutu roƙo ne, gwamnatinka ce take cewa wata gwamnati ga ɗana nan don Allah kar a wahalar da shi, ita kuma waccan tana da dokarta, ita ke bada biza, kuma ko da bizar a hannunka jami'in da ke zaune a kanta a filin jirgi yana da ikon ya mayar da kai in bai gamsu ba. Inda ɗan Najeriya ke shiga ba biza, kamar Ghana ko Benin ko Senegal, ba albarkacin "let" bane, yarjejeniyar zirga-zirga ce ta ECOWAS da aka sa wa hannu a 1979 wadda ta bada damar zaman kwana 90. Ita ɗin ma duk wanda ya taɓa bin mota zuwa boda ya san yadda ake ciki, shinge bayan shinge, a sauke ku a duba jaka a juya fasfo gaba da baya kamar ana neman wani abu da ya ɓata, direba ya zagaya bayan mota ya dawo, ku da kuka fito da asuba sai la'asar ta same ku a hanya. Wannan fa shine "let" da ainihin ma'anarta ta farko, an sa ka makara, kuma takardar da ta ce kar a yi maka haka tana hannun mai yi maka.

Ni ra'ayina, duk da son da nake wa tsofaffin kalmomi, da za a tambaye ni cewa zan yi nan gaba in za a sake fasalin fasfo a bi sahun Amurka a sa "delay". Takardar da Alhajin ƙauye zai riƙe ya kai Jidda, wadda jami'in da Turanci ba harshensa bane zai karanta, ba wurin ajiye kayan tarihi bace, a bar wa Shekspiya da lauyoyi abinsu. Na san abokan aikina malaman adabi zasu ce na ci amana, suna ganin jimlar tana da wani kwarjini da in an taɓa zai zube, toh kwarjinin me ake da magana in mutum tara cikin goma juya ta zasu yi? Wannan ƙiyasi na ne ba ƙidaya nayi ba, amma ku gwada a ofis ɗinku ku gani. Sai dai fa a canja ta don ta tsufa, kar wani ya tashi yana yaɗa cewa an yi kuskure a fasfo ɗin ƙasa, ba a yi ba.

Sai roƙona gare ku 'yan jarida, don manyan lauyoyinmu da 'yan siyasa suna ƙaunar wannan jimla sosai, da wuya a yi rikicin zaɓe ko na shugabancin jam'iyya ba a ji wani ya fito yana cewa a bar wane yayi aikinsa "without let or hindrance" ba, kuma ku ne kuke juya mana shi zuwa Hausa cikin gaggawa kafin a rufe shafi. Don Allah in ta zo gabanku kar a ce ba tare da izini ba, wannan juya maganar yake gaba ɗaya har ya sa mutum ya zama kamar yana kiran a karya doka. A ce ba tare da tsaiko ko cikas ba, ko ba tare da an tare shi ko an kawo masa tarnaƙi ba, in ma fili yayi kaɗan a ce ba tsangwama ya wadatar tunda dama kalmomin biyu abu ɗaya suke faɗa. Kuma da zaku ware ko da rabin shafi ne a sati don irin waɗannan kalmomi na takardun gwamnati da kotu, irin su "forthwith" da "hereinafter" da "whereof" da mutane ke sa hannu a ƙarƙashinsu kullum a takardar fili da ta haya, ni mai iya aiko muku ne kyauta in kuna so.

Allah ya ƙara wa jarida ɗaukaka.

Naku,
Wani tsohon malamin Turanci, daga Zariya